Saba'in ɗin da ta ruɗe ni

Auta,

Na dawo daga asibiti na tarar kana barci, ban tashe ka ba. Na koma kai wa matarka ruwan zafi.

Yau na ga ikon Allah da idona. Ina zaune gaban kwalbar da aka sa ɗanka, sai lambar bugun zuciyarsa a na'ura ta fara sauka, daga ɗari da hamsin har saba'in. Ni kuwa sai hamdala nake, don nawa ma saba'in ne in an auna ni. Ashe ga bakwaini wannan haɗari ne! Na'ura ta ɗauki ƙara, leɓensa ya yi duhu. Nas ta zo, ba gudu ba ihu, ta zura hannu ta shafa tafin ƙafarsa da yatsa tana cewa, "Haba maigida, ka manta da numfashi ne?" Sai ya ja iska, lamba ta hau. Ta ce bakwaini kan yi haka, in numfashi ya tsaya sai bugun ya ragu, kuma yawanci suna dainawa in sun yi ƙwari.

In ka tashi ka zo da riga mai maɓalli a gaba, ban da turaren nan naka mai hawa kai. Yau a ƙirjinka za a kwantar da shi.

Ku bakwai na haifa, amma ban taɓa ganin an dawo da zuciya da yatsa guda ba.

Innarka