Irin Surukata Ya Zama Fure a Hannuna

Goggo Shizue, ki taimake ni, kunya ta hana ni fita ta ƙofar baya.

Ni 'yar Osaka ce, aure ya kawo ni wani ƙauye kusa da Asahikawa, can arewa mai tsananin sanyi. Surukata ta rasu bara a farkon Satumba. Bayan an watse daga makoki, Baba, mahaifin mijina, ya miƙo mini tsohon gwangwanin shayi cike da irin shungiku, ganyen da mu can gida muke ce wa kikuna. Ita take tara irin da hannunta tun tana amarya. Abin da ya ce kawai shi ne, “Ba ta taɓa saye ba.” Mutum ne da magana ke yi wa nauyi.

Sai na ɗauki abin da zafi. Mahaifiyata takan shuka kikuna ne ƙarshen Satumba, bayan ziyarar kaburbura, mu yi ta tsinka muna zubawa a tukunyar romon da muke ce wa nabe har sabuwar shekara. Ban tambayi kowa ba, ina ji da kaina, na zuba rabin gwangwanin. Maƙwabciyarmu, tsohuwa Kinue, ta leƙo ta kan shinge ta ce, “Sannu da himma, 'yar birni. Bargo za ki saya musu?” Har dariya na yi. Tsiran sun fito kore shar, ba su kai tsawon yatsa ba raɓa ta daskare a kansu, suka kwanta baƙi ƙirin. Dusar ƙanƙara ce ta rufa mini asiri har Afrilu.

Bana kuma tsoro ya kama ni. Na ga kowa na shuka a Mayu, na ce ba za a yi mini biyu ba, na jira har ƙarshen Yuni da zafi ya zauna, na juye sauran duka. Goggo, ganyen ko tukunya biyu bai yi ba. Suka miƙe sama, kara ya yi tauri, ganye ya yi ɗaci, yanzu fure ne rawaya ko'ina. Kinue ta ce in na rasa mai saye ta san mai sayar da furen makabarta. Mijina Noboru kuwa cewa ya yi, “Ganye ne fa, akwai a kanti.” Na ji kamar in kwaɗa masa ludayi.

Baba ne ya fi damuna. Kullum da safe sai ya tsaya gaban furannin, hannuwa a baya, ni kuma ina laɓe a kicin. Gwangwanin wayam. Ga bikin Obon ya ƙarato, na farko tun rasuwarta, dangi za su zo tarbar mamata su ga yadda na yi da amanarta. Na yanke shawarar in tuge su kaf kafin su iso. Ko in cika gwangwanin da irin kanti in yi shiru? Wai yaushe ma ake shuka abin nan a garin nan?

Surukar da ta zo daga kudu

'Yata, ajiye fartanyar nan tukuna.

Kin yi kuskure, kuma ba na lambu ba ne: ga Kinue a bayan shinge, kika ƙi buɗe baki. Ita ma da nata, ta ga ɓarna na tafe ta tsaya zolaya. Baba kuwa ya ba ki iri bai ba ki lokacinsa ba.

Lissafin mahaifiyarki daidai ne, amma na Osaka ne. A garin aurenki sau biyu ake shukawa. Na farko a Mayu, in ƙanƙara ta narke, itatuwan sakura na garinku suka yi fure. Na biyu da an sallami baƙin Obon, kafin Agusta ya fita, ki ci ganye har sanyi ya kashe shi. Tsakanin nan kada ki shuka, doguwar rana da zafi ke sa shi gaggawar fure. Ki rufe irin da ƙasa kaɗan, in ya kai taƙi ki riƙa tsinke kan ya sake tohowa. Irin wannan Agustan, ki roƙi Kinue. Za ta yi miki tsiya, ki shanye.

Batun cika gwangwani da irin kanti, kada ki fara.

Yanzu tambayi kanki: daga ina surukarki take samun iri duk shekarun nan? Daga furen da kike shirin tugewa. Ki bar su su bushe a tsaye, ki yanke kawunan, ki shanya a inuwa, gwangwanin zai cika har ki rama wa Kinue. Irin bai ƙare ba. Ranar da kika tuge su ne zai ƙare.

Ban shiga zuciyar Baba ba, amma ba na jin ɓarnarki yake kallo. Furen matarsa ne, ya fito a lokacin da ya saba ganinsa. Gobe ki fito daga kicin, ki kai masa shayi can, ki faɗa masa gaskiya, ki ce ya nuna miki yadda take murje irin. Ranar Obon ki yanki kaɗan ki ajiye gaban hotonta.

Ina yi miki fatan tukunya mai ƙamshi a wannan kaka, da gwangwani cike.

Goggo Shizue