Gemun Vinayan

Thrissur, Kerala.

Zuwa ga babbar yayata, Chechi Lathika,

Gaisuwa mai tarin yawa tare da girmamawa. Ina roƙon Ubangiji ya ƙara miki lafiya, ke da maigidanki, a can Maskat. Mama tana nan ƙalau, sai ciwon gwiwar da kika sani. Baba kuwa yana fama da gonar kwakwarsa.

Bayan haka, wani zalunci ya auku wanda hankali da mantiƙi ba za su amince da shi ba. Wani kamfani daga Hyderabad ya zo zai sake shirya fim ɗin soyayyar nan namu na 'yan makaranta cikin harshen Telugu, a kwalejin da na gama, kuma suna neman wanda zai fito a abokin jarumi. Ni, mai digiri a adabi, wanda ya rubuta kundi sukutum kan irin waɗannan finafinai, na aske gemun da na daɗe ina lallaɓawa, na sa kwat, na tafi. Ƙanenmu Vinayan kai ni kawai ya yi a babur, cikin baƙaƙen kaya da gemu buzu-buzu, saboda alwashin ziyarar ibada zuwa dutsen Sabarimala da ya hana shi aski.

Ina tsakiyar sharhi kan falsafar ƙuruciya da balaga, darakta ya leƙa ta bayan kafaɗata. Ya ce shekarun kwaleji za su ɗauka, gemu da baƙar riga suke so, a kira masa mai babur ɗin can. Ni kuwa in dawo ranar da za a ɗauki 'yan firamare. Haka aka ba Vinayan gurbin, alhali bai san kalmar Telugu ko ɗaya ba, wai leɓe kawai zai motsa, wani ya ɗora murya. Yanzu farfesa yake kirana, yana cewa in daina haɗe rai, zai nema mini aikin riƙe masa laima.

Ga buƙatata. Ranar ɗaukar fim ta zo daidai da ranar hawan dutsen. Mama tana jin maganarki. Ki nuna mata alwashi ba abin wasa ba ne, wajibi ne Vinayan ya tafi, gurbin ya koma ga wanda ya cancanta. Na daina aski tun ranar, sai dai har yanzu gashin bai wuce haɓa ba, don haka ki aiko mini da man gemu cikin gaggawa.

Ki gaida mini maigidanki Chettan Rajeevan da 'yarku, ƙaramarmu Meenakshi.

Ƙanenki mai ƙaunarki,
Sreehari