Kunne Ɗaya Naki, Kunne Ɗaya Nawa

Zuwa ga Kausara, sanyin idona, ruwan randa a tsakar rana, inuwar darbejiya ga wanda ya yini a bakin kwalta, ƙamshin ƙasar Tamale ranar da ruwan farko ya sauka. Kausara mai murmushin da ke mantar da ni inda na ajiye sifana! Assalamu alaikum. Gaisuwa mai yawa da fatan kin tashi lafiya, ke da Mma da Baba da duk mutanen gida. Ni ne dai, Awaisu naki, makanikin babur na bakin titin Gurugu, wanda kika bari a kan benci ranar Lahadi da waya a hannu da tambaya a baki.

Na kira ba ki ɗaga ba. Na aika saƙo, na ga alamar kin karanta, amma shiru. An ce shiru ma magana ce, to ni wannan maganar ta fi ƙarfin kunnena, shi ya sa na wanke hannu na ɗauki biro. Kin san Kawu Saibu ya riga ya sayi goron da za su kai wa Baba ranar Juma'a don neman aurenki. Na roƙe shi ya dakata, domin ba zan tura manya ƙofar gidanku ba alhali ban san ko har yanzu kina so na ba. Kullum da safe yana yayyafa wa goron ruwa yana hararata, yana cewa goro ba ya jiran yaran zamani su gama shawara. Tsoro nake ji, Kausara. Ban taɓa jin tsoron rasa wani abu kamar yadda nake jin tsoron rasa ki ba.

Kin tuna ranar da kika turo babur ɗinki gareji, kin dawo daga Gumani da daron wagashi, cukun nan na nono, ɗaure a baya, zufa na zuba, kina faɗa wa babur ɗin maganganun da ba zan maimaita ba? Na ba ki benci, na duƙa ina goge fulogi. Da na ɗago sai na ga abin mamaki: idanunki a rufe, kafaɗarki ta karkata hagu, ta dawo dama, sannan hannunki ya tashi sama, wuyan hannun ya lanƙwashe kamar mai ɗora kwano a kan kanta mai nisa. Wallahi na ɗauka ko iska ce ta taɓa ki, har na fara karanto abin da ya sawwaƙa a zuciyata. Ni kuwa Allah ya yi ni da cutar tambaya. Tun ina yaro babu rediyon da ya shigo gidanmu ya fita da cikinsa a rufe. Na tambaye ki lafiya. Sai kika zaro siririyar wayar iyafis daga ƙarƙashin mayafi, kika goge kunnenta ɗaya da gefen zani, kika miƙo mini.

Me na ji? Wani Ba'amurke yana zuba Turanci da gudun da ya fi na 'yan kamasho a tashar Kumasi. Ɗan Turancin da na samo a makaranta ya tsaya a bakin ƙofa, ya ƙi shiga. Amma a ƙarƙashin muryarsa akwai wata duniya: dum, dum, dum, kamar ana daka a gidan maƙwabta, da wata ƙara ƙii-ƙii-ƙii da ba ta yankewa, da ihun mutanen da na tabbata sun fi 'yan kasuwar Aboabo yawa. Na ce miki ko su waye waɗannan, birkinsu ya cinye, su zo in canza musu. Kika yi dariya har sai da kika riƙe ciki. Kika ce ƙwallon kwando ne na ƙwararru, kai tsaye ta intanet, murya kawai babu hoto, ƙarar kuma ta takalma ce a kan daɓen katako. Daɓen katako! Waɗanne irin mutane ne ke buga ƙwallo a cikin ɗaki a kan katako? A ranar na gyara fulogin cikin ƙanƙanin lokaci, amma na yi ta kwance abubuwan da lafiyarsu lau ina mayarwa, don kada wasan ya ƙare kina wani wuri.

Daga nan Lahadi ta zama ranar sallata. Wasannin da ake yi muna barci kina sauraron su da safe kina suyar wagashi, kuma kin kafa doka cewa duk wanda ya faɗa miki sakamako kafin ki gama ji, ke da shi har abada. Amma na Lahadi da yamma namu ne, a kan bencin ƙofar shagon Mma, kunne ɗaya naki, kunne ɗaya nawa. Duk wanda ya ƙera wayar iyafis ɗin nan gajeriya, Allah ya saka masa da alheri, ya jiƙan iyayensa! Ba don shi ba, da wane dalili zan ba Mma na zama kusa da kafaɗarki haka, ita kuwa tana auna wa mutane shinkafa, ido ɗaya a kan mudu, ɗaya a kanmu?

Ni mutum ne mai aiki da kunne. Babur yana tahowa daga nesa na san ko sarƙarsa ce ta saki ko mai ne ya yi masa yawa. Haka na bi wasanki. Na koyi cewa idan ƙwallo ta shiga ba ta taɓa ƙarfe ba, raga tana yin wani ɗan numfashi, shuu, ke ma sai ki saki naki numfashin tare da ita. Idan ta bugi zobe, ƙwal, sai ki ciji leɓe. Na koyi shirun nan da ke sauka kafin jifan da alƙali ke ba wanda aka yi wa keta. Na koyi cewa idan mai sharhi ya daina kalmomi ya koma ihu zalla, to wani babban abu ya faru. Idan kuma netwok ya ɗauke, sai mu zauna tsuru-tsuru, ƙwallo na rataye a sama tsakanin hannun wani bawan Allah da kwando, ni ina mamakin inda take jira, ke kina ɗaga waya sama kina tsine wa kamfani.

Tambayoyina kuwa, kin sha su. Me ya sa mutum ba zai rungume ƙwallonsa ya ruga da ita ba, tunda Allah ya ba shi hannu biyu? Me ya sa jifan nesa ya fi na kusa maki, alhali kwandon ɗaya ne? Yaya za a ce saura minti biyu, amma Mma ta ɗora tuwo ta sauke ba a tashi ba? Wa ya fara tunanin huda gindin kwando, kuma me matarsa ta ce masa? Ba ki taɓa gajiya ba. Sai ki jera gutsattsarin wagashi a faranti, biyar nan biyar can, kina tura su da yatsa, kina nuna mini wanda ya tare hanya da wanda ya sulale ta baya. Idan bayani ya ƙare sai in cinye 'yan wasan. Amma yawancin amsoshin da jikinki kike ba ni su: yadda kike sunkuyar da kafaɗa, yadda ƙafarki ke juyawa a ƙasa ba tare da kin sani ba, yadda hannun nan ke tashi. Ya rabin raina, kin san kuwa yadda fuskarki ke haske a lokacin?

To ga inda na yi gyaran gangar Auzinawa. A tunanina na makaniki, duk abin da ba shi da wani ɓangare, ɓangaren ne ya ɓace, sai a nemo a ɗaura. Na ce Kausara tana ji ba ta gani, lallai data ce ta yi mata tsada, ko fuskar wayarta ce da ta tsage. Sai na cika wayata da data, na sa wani mai gyaran waya ya nemo mini inda ake nuna wasan da hotonsa, na wanke hannu da omo har sau ba adadi, na zo ina baza haƙora kamar wanda ya kawo lefe. Na miƙa miki. Kika duba. A cikin hoton, wani dogo ya yi tsalle ya dira. Sai kika zare iyafis daga kunnenki, kika zare nawa, kika naɗe wayar iyafis ɗin a yatsunki a hankali, kika shige gida. Ba faɗa, ba harara, ba ko tsaki. Mma ta dube ni irin kallon da ake yi wa wanda ya zuba gishiri a koko. Garin neman gira na rasa ido.

Shekaranjiya ƙawarki Adiza ta kawo babur ɗinta, sarƙa ta saki. Ban bar ta ta tafi ba sai da na tatse ta. Ita ta faɗa mini cewa ke ce kyaftin ɗinsu ta ƙwallon kwando a sakandare, cewa har Kumasi kin kai su gasa, cewa malamai daga wasu makarantu suna zuwa don su ga jifanki. Ta ce a wani wasa kin yi tsalle kin dira a karkace, gwiwar dama ta tafi, kuma tun daga ranar ba ki sake taka fili ba, ba ki sake kallon wasa ko a talabijin ba. Kaico, Awaisu! Ni da nake taƙama da kunne da lura, na daɗe ina ganin ba kya buga kik ɗin tayar da babur da ƙafar dama, sai ki zagaya ki buga da hagu, na ɗauka salo ne irin na 'yan mata. Me ya sa ba ki faɗa mini ba, Kausara? Ko kina tsoron in dube ki da idon tausayi? Ko kin so a samu mutum ɗaya a garin nan da bai san ki da faɗuwar ba?

Adiza ta ce kallon yana tuna miki ciwon ne. Mai yiwuwa. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, ba zan yi miki shisshigi a zuciya karo na biyu ba. Amma cutar tawa ba ta warke ba, kuma akwai tambaya ɗaya da ta hana ni cin abinci. Idan kin rufe ido kina sauraro, wa kike gani yana gudu a filin? Takalman nan masu ƙara, a ƙafar wa suke? Idan raga ta yi numfashinta, daga hannun wa ƙwallon ta fito?

Ina tambaya ne domin ga abin da ya same ni. Bayan kin shige gida na ci gaba da zama da wayar a hannu, na kalli wasan, karo na farko a rayuwata. Na ga ƙatti goma, baƙi, masu zane a damtse, ban san ko ɗaya ba, ba su san ni ba. Komai ya yi daidai da yadda kika koya mini, amma sai na ji kamar an shigo mini ɗaki an kwashe kaya. Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma ranar na gane ba kullum korar take zama alheri ba. Na kashe wayar, na tura babur ɗina har gida ban hau ba.

Ga alkawarina, hasken gidana in Allah ya yarda. Ba zan sake kawo miki hoton wasa ba, ko an ba ni kyauta. Idan wata rana ke da kanki kika ce mu je fili, zan riƙe miki takalma. Idan ba ki ce ba har tsufanmu, ba zan tambaya ba. A gidanmu babu mai ce miki matar aure da ƙwallo ina dalili. Ranar Lahadi tuwo zai iya makara, ni zan je in sayo mana waake, shinkafa da waken nan, a bakin titi. Tambayoyi kam ba zan iya yi miki alkawarin dainawa ba, don kin san ƙarya zan yi. Abin da nake roƙo shi ne kalma ɗaya kafin Juma'a: in ce wa Kawu su zo, ko in ce ya raba goron a masallaci. Ko wacce ce, daga bakinki nake so in ji ta.

Kafin ki yanke, ki san abin da aka kwashe mini a ɗakin nan. Ni kafin ranar nan ban taɓa ganin wasan ba sai a jikinki, saboda haka duk watannin nan, idan na rufe ido a kan bencin, 'yan wasa goman nan duk ke ce. Ke ke jefa wa kanki ƙwallo, ke ke tare kanki, ke ke sulalewa ta baya da mayafinki yana tashi, dubban mutanen nan kuma sunanki suke kira. An ce mini gwiwa ta raba ki da fili shekaru da suka wuce. Ni shaida ne, Kausara, duk Lahadin duniya kina ciki daga farko har usur na ƙarshe, kina tsalle kina dira a kan ƙafa biyu, kuma ban taɓa ganin kin faɗi ba.

Naki ne ni, yau da gobe, da ji da gani, har ranar da za a rufe mini kunnuwan nan da ƙasa,

Awaisu