Mai Kunya a Gadon Baya

Zuwa ga ƙanena Sule, masunci a Ruwais, bakin tekun Jidda.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, kai da abokan sana'arka. Mu nan Nakkasa, unguwarmu ta Makka, muna nan yadda ka bar mu, ban da Inna. Ita kam ba yadda ka bar ta take ba. Na roƙi direban lorin nan mutumin Yaman ya sa a karanta maka wannan takarda a gaban jama'a, inda kuke zama gyaran taru. Duk wanda ya ji, ya ji. Na gaji da aiko maka saƙon baka kana mayar mini da kwando.

Kwandonka na jambari, wato jatan lande, na wannan karon ya iso. Lorin ya mace a Bahara, tsakanin Jidda da Makka, ya yini a rana, kafin ya shigo Makka kawunan jambarin duk sun yi baƙi. Kai ne masuncin, kai ka koya mini cewa wannan halitta cikinta a kai yake, shi ya sa daga kai take fara ruɓewa. To me zai hana ka cire kawunan, ka tafasa da ruwan gishiri, ka ɗan shanya kafin ka ɗora a mota? Matata Hajo ta zauna ta tsince na ci, sauran kuliyoyi suka yi biki. Duk unguwar nan babu mai sa maka albarka kamarsu.

Amma ba don wannan na ɗauki alƙalami ba.

Ka tuna Sawakin? Ba na jin ka tuna, kana goye a lokacin. Mun binne Baba a gonakin audugar Sudan, muka taho bakin teku muna jiran jirgin da zai tsallakar da mu. Wani masunci ya zuba wa Inna jambari cikin tafin hannu. Ita 'yar masuntan Haɗeja ce, ta san tarwaɗa, ta san karfasa, ta san ragon ruwa, amma ba ta taɓa ganin wannan ba. Ta juya shi, ta duba ƙafafun da gashin bakin, ta ce, "Ai fara ce ta faɗa ruwa." Ta soya mana shi yadda ake soya fara, da gishiri da barkono. Ranar na fara ganin dariyarta tun bayan rasuwar Baba.

Da ka girma ka shiga teku, ka fara kawo mana irin nan mai taurin ɓawo, wanda 'yan kasuwa ba sa so saboda yana yanka yatsa. Inna ta bi bayansa da babban yatsa, ta ji tudun nan da ya taso daga kai har wutsiya, ta ce kamar kunyar gona. Daga ranar ta raɗa masa suna. Larabawa su ce jambari, alhazan da suka zo daga gida su ce jatan lande, ita dai mai kunya take cewa.

Ni mai tsire ne, wuta da nama sana'ata ce, amma har yau ban iya shi yadda take yi ba. Takan tsaga shi ta kan kunyar da 'yar wuƙa, ta zare baƙin zaren nan na baya, ta wanke da lemon tsami. Albasa sai ta yi ja a mai, sannan tafarnuwa da barkono. Jambarin shi ne ƙarshe, kuma ba ya daɗewa. Da ya lanƙwashe ya yi ja, sai ta sauke, tana cewa, "In ka tsaya gaisawa da maƙwabci, ya zama igiya." Kawunan ta yi romo da su ta dafa shinkafa. Ɓawon ma ba ta zubarwa, ta shanya ta daka, ta zuba a miyar kuka idan alhazai sun kawo mana kukar. Kai kuma kana tsugune a gefe kana cin na farko da zafinsa, ba mai ce maka ƙala, saboda kai ne auta.

Yanzu gaya mini, yaushe rabonka da wannan tsuguno?

Hajji ya zo ya wuce, wani ya sake zuwa. Mutanen Jidda sun cika Mina, masu dako da masu sayar da ruwa, har abokanka na taru na gani suna ɗaukar wa alhazai kaya. Kai ban gan ka ba. Na aika, ka ce lokacin jambari ne, yanzu yake matsowa gaɓa, ba a barin ruwa. Na sake aikawa, ka ce ya koma zurfi, sai an bi shi da kwale-kwale. Da lokacin zafi ya zo ka ce yana zuba ƙwai, gara ka tsaya ka gyara taru kafin ƙananan su girma. Ni dai ban taɓa jin dabbar da ba ta da ranar hutu ba sai taka. Kullum amsarka ɗaya ce a bakin direba: "Bukura, in sha Allahu." Goben nan taka ta fi hanyar Haɗeja nisa.

Kai ka ba ni labarin halinsa, ina saurare ina mamaki. Ka ce da rana yakan binne kansa a laka, idanu kawai ya bari a waje, sai duhu ya yi ya fito kiwo. Ka ce in an kai masa hannu ba ya yin gaba, wutsiya yake kaɗawa ya yi tsalle da baya. Sule, ka zauna da shi har ka ɗauki halinsa. Bambancinku ɗaya, shi yana da kunya ko da a gadon baya ce.

Na san abin da kake gudu, kada ka ɗauka ban sani ba. Zuwanka na ƙarshe ka tarar idanunta sun rufe, ta lalubi fuskarka da hannu, ka fita waje ka daɗe ba ka dawo ba. Ba ka iya ganinta a haka. To ni an gaya maka iyawa na yi? Ni ke ɗaga ta, Hajo ke mata wanka, ni ke goya ta in sauka da ita gangaren nan duk Juma'ar da ta ce sai ta je Harami. Ba na yi maka gori. Uwata ce. Amma kai ma taka ce, kuma kwando ba ya gaida mutum.

Ta daina cin abin da kake aikowa. Haƙoran ba sa iyawa, cikin ma ba ya karɓa. Duk da haka in lorin ya zo, hancinta ke fara sanar da ita. Sai ta ce a ba ta ɗaya mai ɓawo. Ta riƙe a hannu tana bin kunyar da yatsa, daga kai zuwa wutsiya, ta koma ta sake, har Hajo ta lallaɓa ta karɓe don kada ya yanke ta.

Ga abin da ban so faɗa a gaban mutane ba, amma ka kai ni bango. Ka san ni ɗan fari ne. Tun da Inna ta haife ni ba ta taɓa kama sunana ba. Ga ni da furfura a gemu, har yau "kai wannan" nake. Ban taɓa jin haushi ba, al'adarmu ce, na san kunya ce irin ta uwa. Amma tun ina yaro nakan so in ji yadda sunana zai fito a bakinta, ko sau ɗaya.

Ranar da kwandon nan ya iso, na durƙusa na sa mata ɗaya a hannu. Ta kamo wuyan hannuna, ta shafa, ta ɗago fuska wajena, fuskar ta washe gaba ɗaya. Ta ce, "Sule, ka zo?"

Na ce na'am.

Ta ce na rame, teku ba ta yi mini daɗi ba. Ta sa mini albarka mai tsawo, irin wadda ban taɓa samu ba, dukkanta da sunanka. Na zauna na karɓa. Tun daga ranar, in na shiga ɗakin, kai take kira, ni nake amsawa. Raina yana ɓaci, Sule, kuma ban san da wa zan yi fushin ba in ba kai ba.

Don haka ka ji ni da kyau, ƙanena. Jambari yana nan, ba zai ƙare a teku ba, baɗi ma zai matso gaɓa. Inna ce ban sani ba. Lorin zai juyo jibi. Kada ka ɗora masa komai. Wurin da kake ajiye kwandon, ka hau ka zauna. Ba zan yi maka faɗa ba in ka zo, na riga na gama shi a takardar nan. In ba ka iya kallonta, ka rufe ido, ita ma ba ganinka za ta yi ba. Hannunka kawai za ka miƙa mata.

Allah Ya kiyaye ka a kan ruwa, Ya kawo ka lafiya. Allah Ya ba Inna sauƙi, Ya ja kwananta har ka iso ka amsa sunanka da bakinka. Allah Ya jiƙan Baba. Amin.

Hajo tana gaishe ka.

Ni ne yayanka,
wanda Inna ke ce wa "kai wannan".