Awon Mutum Biyu

Litinin, 4 ga Nuwamba 2024

Kwana ashirin da uku da rasuwar Hassana. Har yau in an kira “Hussaina” sai in tsaya jiran a kira nata a gaba. Bikin suna ta tafi Sabuwa, 'yan bindiga suka buɗe wa motarsu wuta bayan Faskari. Ni zazzaɓi ya hana ni binta. Zazzaɓin banza, washegari na miƙe garau.

Laraba, 6 ga Nuwamba

Goggo Asibi, ƙanwar babanmu, ta ce waina za a yi na sadakar arba'in. Na ce su yi wainarsu, ni alawar gyaɗa zan yi. Shekara goma sha ɗaya muna yinta tare a nan Kankara, yaran unguwa ma da ita suka san Hassana. Ba za a raba sadakarta babu ita ba.

Asabar, 9 ga Nuwamba

Na gwada. Na soya gyaɗa tiya ɗaya da yashi, na murje, na bakace, na ɗan farfasa a turmi. Sukari rabin tiya, yadda muka saba. Ya narke ya yi ja, na ɗiga lemon tsami, na zuba gyaɗa na juya. Har nan lafiya lau, don nan ne aikina.

Daga nan kuma nata ne. Ina juyewa a faranti tana bi da kwalba mai shafe da mai, tana murzawa tana yi mini tsiya wai hannuna kamar na mai tuƙa tuwon biki. Sai mu ɗauki wuƙa biyu, ita daga can ni daga nan, mu haɗu a tsakiya kafin ta sandare. Yau kafin in aje tukunya in ɗauki kwalba, gefe ya riga ya yi tauri. Sai da taɓarya na fasa ta.

Lahadi, 10 ga Nuwamba

Ban taɓa tukunya ba. Kewarta nake ji har cikin ƙashina.

Talata, 12 ga Nuwamba

Gwaji na biyu. Na yi gaggawa, sukari ya ɗiso mini a bayan hannu, fata ta tashi. Goggo tana shafa mini zuma tana faɗa: “Ke ɗiyar nan, mi kike son yi wa kanki? Awon mutum biyu ne wanga. Rage shi.” Na fizge hannuna. Ban taɓa yi mata haka ba, Allah ya yafe mini. Amma wa ya ce mata an rage mu?

Juma'a, 15 ga Nuwamba

Suwaibatu maƙwabciyarmu ta leƙo, wai ta iya murzawa, in kira ta duk ranar da zan yi. Na yi godiya. Tana fita na ɓoye kwalbar ƙarƙashin gado. Mugun hali ne, na sani. Ba na son ganin ta a hannun kowa.

Litinin, 18 ga Nuwamba

Na uku ma ta ƙi. Rabi ta yanku, rabi dutse. Na zauna bakin murhu na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza. Saura kwana uku, gyaɗar da aka kawo mana daga Mabai kuma saura tiya ɗaya tak.

Laraba, 20 ga Nuwamba

Da hantsi Goggo ta tafi gaisuwa, gida ba kowa. Na auna gyaɗar, na daɗe ina kallonta, sannan na raba biyu. Na ce wa kaina don ciwon hannu ne kawai.

Na juye, na murza, na yanka tun daga wannan gefe har wancan, wuƙa tana tafiya kamar a sabulu. Na sake ɗora sauran rabin, ita ma haka. Ja, siririya, tana ƙaras a baki. Gobe kowane yaro zai samu.

Da Goggo ta dawo ta ɗauki ɗaya ta ci, ta dube ni, ba ta tuna mini da maganarta ba. Na gode mata da hakan.

Ta yi kyau, Hassana. Wallahi ban so ta yi kyau ba.