Na Ba 'Yata Kyamara Don Kada Ta Fito A Hoto

Assalamu alaikum. Don Allah a sakaya sunana, kuma a bi ni a hankali kafin a yanke mini hukunci. Ni ba mai zurfin karatu ba ce, yaƙi da jahilci na yi.

Ƙarshen hunturun bana ne, shekarar da na ɗauka hankalina ya kwanta, tunda 'yata ta fari za ta gama karatun haɗa fim. An haife ta da baƙin tabo da ya rufe rabin fuskarta har wuya. Tun da muka zo garin Takoma Park a Amurka, duk suna ko biki ko Sallah sai an ɗauki bidiyo an tura gida, ni kuwa na gaji da tambayar dangin mijina, wai har yanzu likitocin Amurka ba su goge abin ba? Sai na saya mata ƙaramar kyamara tana 'yar firamare. Da an ce a jeru, sai in ce ta zo ta ɗauke mu, ai ta fi kowa iyawa. Matan unguwa har yabona suke yi, wai ina ƙarfafa mata gwiwa. Wace irin uwa ce ni?

Ta gayyace ni makarantarsu kallon ɗan gajeren fim ɗinta. Babu labari, babu 'yan wasa, tsofaffin bidiyonmu ta jejjera: mu cikin anko muna dariya, ƙannenta suna ta girma, ita ko sau ɗaya ba ta fito ba, sai inuwarta a kan ciyawa, da numfashinta, da muryata ina cewa matsa baya, ƙara matsawa. Aka yi ta tafi. Ta miƙe ta nuna ni, ta ce ga wadda ta fara damƙa mata kyamara. Wallahi na kasa ɗaga kaina. Godiya ce wannan, ko ƙarata ta kai gaban jama'a?

A mota na daure na tambaye ta abin da fim ɗin yake nufi. Ta ce, "Abin da kika gani, Umma." Sai ta tambaya ko da sauran miyar jiya.

Washegari da safe na je ƙofar ɗakinta da wayata, na ce ta zo mu yi hoto. Ta miƙo hannu ta karɓi wayar yadda ta saba, ta ja baya, ta ce in gyara ɗankwalina. Na gyara. Ta ɗauke ni ni kaɗai, ta mayar mini da wayar.

In ba ta san dalilin da ya sa na ba ta kyamarar ba, kuma na faɗa mata, ina tsoron ta tsani aikin da take ƙauna. In kuma ta sani, ashe ni take jira. Jama'a, me zan yi?