Rabin Gemun Yaya Lawan

Gyadi-Gyadi, Kano
Yuli, 1999

Zuwa ga Yaya Rabi'u,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kana lafiya kai da Anti Kulu da yara. Ya kuke fama da ruwan Fatakwal? Allah ya ƙara lafiya da buɗi. Mu nan kowa ƙalau, ƙafar Inna ma ta yi sauƙi, har tana fita barka da ta'aziyya.

Yaya, maganar ƙaninka Yaya Lawan ce ta sa na ɗauki biro, don wallahi ya kai ni bango. Ka san tun zamanin wasan talabijin aikinsa ke nan: yau mai gadi, gobe dillali, jibi limamin da zai shafa fatiha ya ɓace. Da aka koma finafinan kaset ma ba ta canja zani ba. To bara wani yaro Mahmud ya ba shi fitowar ɗan kasuwar da 'yan daba suka kama suka aske masa gemu ɓari guda. Maimakon a yi dabara, sai bawan Allahn nan ya miƙa haɓarsa aka aske da gaske. An ɗauki rabin fim, sai aka buga gangar siyasa, Mahmud ya ajiye kyamara ya fito takarar kansila, kuma ya ci. Tun daga nan Yaya Lawan yake yawo a Tarauni da rabin gemu. Duk Juma'a sai ya je wurin wanzami a gyara masa ɓarin hagu kawai, wai ranar da za a ci gaba da ɗauka dole fuskarsa ta zama yadda aka bar ta. 'Yan acaɓa har sun sa masa suna Rabi-da-rabi, shi ko a jikinsa.

Da abin a kansa ya tsaya da ban dame ka ba. Haisam, ɗan marigayi Yaya Ƙasimu, ya samu yarinya a Unguwar Gano, Nusaiba, 'yar gidan mutunci. An ce manya su je neman aure ƙarshen watan nan, kuma tunda ba ka gari, Yaya Lawan ne uba. Na ce masa ko dai ya aske sauran ko ya bar wancan ya tsiro. Ya ce shi ya yi alkawari. Inna ta yi faɗa har ta gaji, ya sunkuyar da kai ya ce ta yi haƙuri, tun da yake harkar nan ba a taɓa cewa za a sa hotonsa a bangon kaset ba sai wannan karon. Haisam kuwa kunya ta hana shi magana, sai dai ya zo ɗakina ya zauna yana ajiyar zuciya.

Da haushi ya ishe ni, na tashi daga aikin asibiti ko kayan aiki ban cire ba, na wuce ofishin kansilan. Na sha zaman jira kafin a shigar da ni. Ya karɓe ni da fara'a cikin sabuwar babbar riga, har da lemo. Da na tambaye shi yaushe za su ƙarasa fim ɗin, sai ya yi dariya ya ce ai lokacin kamfe kaset ya yanke musu, suka ɗauki taron siyasarsa a kan na fim ɗin. Ba abin da ya rage. Har yana mamaki wai Baba Lawan bai aske ba har yanzu.

Na dawo gida a fusace da niyyar in zazzage wa Yaya Lawan labarin, sai na tarar da shi a tsakar gida da madubi, yana bitar maganganunsa na fim ɗin. Na gaishe shi na wuce ɗaki. Yau mako guda ke nan na kasa buɗe baki. Yaya, kai ne babba, nauyinka yake ji. Don Allah ka zo kafin ƙarshen wata, ka faɗa masa da bakinka, don ni ba zan iya kallon idonsa ba.

Inna tana sa maka albarka. Ka gaida Anti Kulu, da yaranka Furera da Abubakar. Haisam yana gaisuwa.

Ƙanwarka,
Saratu